Mutuwar Sajo ta Gaskiya

Ina zaune a shagona na gyaran waya a bakin tashar Gwarzo, wayar wani malamin makaranta a buɗe a gabana, kiran Sabi'u ya shigo. Sabi'u dillalin shanu ne a karar Getso, kuma ba ya nemana sai in wayarsa ta faɗa ruwa. Lokacin azahar ba ta yi ba.

"Zayyad, Sajo ya faɗi a kara."

Na yi dariya. Wallahi dariya na yi, ban ko ajiye abin da ke hannuna ba. Na ce, "To ka ce masa ya tashi haka nan, ƙasa da danshi. Wa ya sa shi yau, yara ko mahauta?"

Ina jin ƙarar inji da wani yana ta salati a kusa da shi.

"Ba ya tashi, Zayyad. Mun zuba masa ruwa. Mun ɗaga hannunsa ya koma. Muna cikin mota, mun nufo asibiti, amma jikinsa ya saki."

Sai muryarsa ta karye. Sabi'un da ko ranar da aka binne mahaifinsa ban ga hawayensa ba. A nan na daina dariya. Innalillahi wa inna ilaihi raji'un.

Wanda bai san Sajo ba zai ce wane irin aboki ne wannan, a gaya masa amininsa ya faɗi ya yi dariya. Ba ni kaɗai ba ne. Rabin ƙasar Gwarzo da Kabo sun yi wannan dariyar a ranar, kuma akwai dalili.

Sunansa na yanka Abdulmumini. Shi ne ɗan fari a gidan Malam Dabo, a wata 'yar unguwar Fulanin zaune da ke gefen Sabon Birni, mutanen da kakanninsu suka kama fartanya amma ba su rabu da shanu ba. Gonarmu tana jikin shingensu, don haka tare muka tashi, akushi ɗaya, bulala ɗaya a makarantar allo. Muna da wani wasa a fadama: mu kwanta rigingine kamar matattu, mu ga wanda ungulu za ta fara saukowa kusa da shi. Mu sauran, in ba dariya ta tona mana asiri ba, tururuwa za ta tona. Shi kuwa sai ya kwanta har ungulu ta sauka, tana tattaki tana karkata kai, ta matso dab da ƙafarsa, sannan ya zabura da ihu ya bi ta da gudu.

A shekarar 2002 'yan fim suka zo daga Kano a bas ɗaya da janareto, suna neman wurin da ke da shanu da bukkoki. Sun taho da yaronsu, wani ɗan birni mai kumatu, wanda zai fito a matsayin ɗan makiyayi mai suna Sajo. Saniya ta huro masa hanci a ƙeya, yaro ya shige mota ya kulle ƙofa, ya rantse da iyayensa ba zai fito ba. Darakta Maikuɗi yana tsaye ya rasa yadda zai yi, sai ya hango Abdulmumini a kan doron wani bijimi yana ƙyaƙyata dariya.

"Kai, ɗan Fulani! Zo nan. Ka iya mutuwa?"

"Na fi kowa a garin nan," in ji shi.

Fim ɗin sunansa *Sandar Sajo*. Maciji ne yake saran yaron a wurin kiwo, ya mutu, a yi masa wanka a sa shi a likkafani. Kafin a rufe fuskar, ƙuda ya sauka a kan fatar idonsa, ya yi ta yawo, ya gangaro gefen hanci, ya koma. Ko gashin idonsa bai motsa ba. Mai kyamara da kansa ya tsorata, ya bar kayan aikinsa ya je ya girgiza shi. Wannan ƙudan shi ya kai sunansa Katsina da Zariya da Damagaram. Mata sun yi kuka a gidajen da ba su san inda Sabon Birni take ba. Daga nan sunan Abdulmumini ya ɓata a bakin mutane, kowa sai Sajo.

Kowa ban da mutum ɗaya. Inna Asta, mahaifiyarsa, ba ta taɓa kiransa Sajo ba, don a wurinta sunan mataccen yaro ne. Ba ta kuma taɓa kiransa Abdulmumini ba, saboda kunyar ɗan fari, wadda a danginsu ba a wasa da ita. Ba ta faɗar sunansa, ba ta rungumarsa, ba ta yabonsa a gaban mutane. In tana son a kira shi sai ta ce, "Ku kira mini wancan." Har wani mai sayar da gishiri mai irin sunansa sai da ta canza masa suna. Duk wanda ya san gidan ya san wannan.

Ranar da aka kawo kaset ɗin aka nuna a ƙofar gidan dagaci, mata suna leƙe daga zaure. Da aka zo wurin likkafanin Inna Asta ta miƙe ta tafi gida. Can sai ga ta da ƙwaryar fura. Ta ratsa cikin yara, abin da ba ta taɓa yi ba, ta ajiye a gaban ɗanta, ta tsaya a kansa tana kallon gefe. Ba ta tafi ba sai da ya shanye tas. Ina kusa da shi. A gabana ta ɗauki ƙwaryarta ta koma gida.

Bayan wannan fim ɗin aiki ya buɗe masa. Duk hutun makaranta mota tana zuwa ɗaukarsa, kuma duk fim ɗin da ya shiga mutuwa yake yi. Ya mutu da zazzaɓi, ya mutu a rijiya, ya mutu a gadon asibiti yana riƙe da hannun wata jaruma. 'Yan fim suna ce masa gawar da ba ta ba da wahala, don sau ɗaya ake ɗauka. Abin da aka fara biyansa Malam Dabo ya mayar masa karsana, ya ce shi bai san wata ajiya ba sai mai ƙafa huɗu. Sajo yakan dawo mana da labarin Kano, da biskit a aljihu, da wata hular sanyi da yake sawa ko ana zafi.

Sai murya ta buɗe, ƙafa ta yi tsawo, gemu ya fara tsiro. Wani darakta ya gaya masa a fuska, "Sajo, mutane ba sa kuka don ƙato ya mutu." Ya zauna a Kano wasu shekaru yana riƙe wa 'yan fim allon haske yana ɗaukar musu jakunkuna. An gwada shi sau ɗaya a matsayin saurayi mai waƙa da rawa. A gidan kallo na Gwarzo, yana fitowa wani ya yi ihu, "Jama'a, gawa tana rawa!" Aka kwashe da dariya har aka tsayar da kaset. Sajo da kansa yake ba da labarin, yana kwaikwayon rawar.

Da Malam Dabo ya rasu ya tattaro ya dawo gida. Da damina gero da dawa da wake, da rani albasa a bakin dam a ƙasar Kabo, ga 'yan shanunsa, jikokin waccan karsanar. Ya auri Zinnira 'yar Garo, Allah ya ba su Amatullahi. Ban taɓa jin ya zagi fim ko 'yan fim ba. In suna neman shanu ko bukka shi suke kira, ya shirya musu, ya tsaya a gefe yana gyara wa yaran da suka zo da su riƙon sanda.

Da waya mai hoto ta shigo hannun kowa, sai wani da ba mu sani ba ya ciro hotonsa na cikin likkafani, ya rubuta a ƙasa cewa jarumi Sajo ya rasu. Ranar yana Zariya da buhunan albasa, wayarsa babu caji. Malam Lukuman, ladanin unguwarsu, ya ga abin a wayar ɗansa, ya hau lasifika ya sanar. Aka shimfiɗa tabarmi. Surukansa suka taso daga Garo. Har an fara haƙa kabari, ana jiran a ji inda gawa take, sai ga shi a bayan ɗan acaɓa da burodi a hannu. Wasu suka arce har suka zubar da takalma. Ya sauka ya dubi taron, ya ce, "Wa ya rasu?" Wani tsoho ya ce, "Kai." Ya nemi wuri a tabarma ya zauna, ya ce, "To Allah ya jiƙaina," ya fara karɓar gaisuwa. Inna Asta ba ta yi dariya ba. Ta aiko aka shigar da shi, ta ajiye masa fura, ta tsaya har ya shanye.

Abin bai tsaya a nan ba. Kusan duk shekara sai hoton ya sake tashi, kuma duk lokacin da ya tashi ƙwaryar Inna tana jiransa. Ni kuma aikina ya zama in ɗauke shi a waya a ƙofar shagona yana cewa, "Ni ne Sajo, ina nan da raina, ku bar wa Allah ikonsa," in watsa. Har mutane suka saba, in an ce musu ya mutu sai su ce, "Bari Zayyad ya saka na ƙaryatawa." Surukinsa na Garo, bayan ya sha hanya sau biyu a banza, ya ce shi ya gama zuwa ta'aziyyar mai rai.

Shi kuma ya mayar da abin wasa. Yara a hanya, mahauta a kasuwa, sai su ce, "Sajo, mutu mana!" Sai ya dafe ƙirji, ya durƙusa, ya kife, a yi ta tafi. A kusa da gida ne kawai ba ya yi, don kada Inna ta gani. Amma wata rana da rani muna zaune a kan kunyar albasa, ya ce, "Zayyad, mutanen nan fa sun gama yi mini ta'aziyya."

Na ce, "Ai ka huta, ka ga naka da idonka."

"Ba wasa nake ba. Ranar ta gaskiya wa zai bar aikinsa ya zo? Ni ba fim nake so a tuna ni da shi ba. Sahu nake so. Mutane su tsaya a bayana su roƙa mini gafara, ka san ni da surutu, ina da bukata."

Na ce masa ya bar wannan maganar. Ya bari, amma na san ba ta bar shi ba.

Abin da ya faru a kara, daga bakin Sabi'u na ji shi a harabar asibiti. Ya je duba wata karsana ce da yake so ya saya wa Amatullahi, kamar yadda aka yi masa. Yana riƙe da bakinta yana duban haƙora, sai ya sake ta, ya dafe ƙirji, ya durƙusa, ya kife ta gefe. Kasuwa ta ɗauki tafi. Wani mahauci ya ce, "Kai, wannan ta fi ta kaset!" Samari suka ciro waya. Wani ya cire hularsa ya ɗora masa a ƙirji, wani ya fara kukan ƙarya da muryar mata. Ƙuda ya sauka a fuskarsa, aka yi shewa. Mai karsanar ne, wani tsohon Bafulatani baƙo da bai taɓa ganin fim ɗin ba, ya ture mutane yana cewa, "Ku mahaukata ne? Mutumin nan mutuwa yake yi!" Har shi ma an yi masa dariya kafin a taɓa hannun Sajo.

Likita ya ce zuciya ce. Ya ce ko da a take aka kawo shi, Allah kaɗai ya san ko zai tashi. Wannan maganar na riƙe, ita nake maimaita wa Sabi'u har yau, don ya ce shi ma ya yi tafi.

Kafin mu kai shi gida bayan azahar, hoton faɗuwar ya zagaya ko'ina, da tafin da shewar, mutane suna jera alamar dariya a ƙasa. Ga shi tsakiyar damina, ciyawa ta taso, duk mai ƙarfi yana gona. Wayarsa tana aljihuna, don da safe ya bar mini ita. Tawa ta yi ƙara, tasa ta yi ƙara.

"Zayyad, yaushe za ka saka na ƙaryatawa?"

"Babu na ƙaryatawa. Ya rasu. Da la'asar za a yi sallah."

"Kai ma sun sa ka a fim ɗin ke nan? To ka gaishe shi."

Na yi rantsuwa, na yi kuka, wani ya ce ashe ni ma na iya. Malam Lukuman ya zo ya gani da idonsa, ya koma ya hau lasifika ya sanar. Waɗanda ke gonakin kusa suka ji, suka ce tsoho ya sake hawa, suka ci gaba da noma. Zinnira ta suma, mata suna kanta da ruwa. A ƙofar gida daga mu da muka kawo shi sai 'yan tsofaffin da ba sa zuwa gona. Wani saurayi ya ce a ɗauki hotonsa in an sa likkafani a watsa. Na ƙi yarda. Ai hoton likkafanin ne ya kawo mu nan. Ga hadari ya fara haɗuwa a gabas. Na tsaya ina kallon tabarmin da babu kowa a kai, maganarsa ta bakin dam tana dukan kunnena.

Aka ce Inna tana so ta shiga kafin a yi masa wanka. Ina ɗakin ta shigo, ƙwarya a hannunta. Ashe tun da labari ya iso ta ta shiga dama fura, kamar kullum. Ta ajiye a saitin kansa. Ta tsaya tana kallon bango. Babu wanda ya yi motsi a cikinmu. Ta daɗe a tsaye. Sannan ta juyo da fuskarta ta dube shi sosai, kallon da ban taɓa ganin ta yi masa ba tun muna yara. Ta sunkuya ta ɗauki ƙwaryar a cike.

"Zayyadu."

"Na'am, Inna."

"Hau babur ɗinka. Ka bi gonaki, ka wuce Garo. Ka ce musu Abdulmumini ya rasu. Ka ce ni Asta na faɗa."

Ƙanwarta da ke bakin ƙofa ta toshe baki da mayafi. Shekara talatin da ɗoriya ina shiga gidan nan, ban taɓa jin sunan a bakinta ba.

Gonar farko da na tsaya ta Baffa ce, ƙanin Malam Dabo. Ya ɗago yana share gumi yana murmushi. "Ka zo ka gaya mana yana nan ko? Ai mun ji Lukuman."

Na ce, "Baffa, Inna Asta ce ta aiko ni. Ta ce in ce Abdulmumini ya rasu."

Murmushin ya tsaya a fuskarsa. "Ita ta ce wa?"

"Abdulmumini."

"Da bakinta?"

"Da bakinta, Baffa. Ina tsaye."

Fartanyar ta faɗi daga hannunsa. Ya juya ya ƙwala wa 'ya'yansa kira da wata murya da ba zan manta ba. Daga nan maganar ta riga ni gudu. Ina wucewa ina hango mutane suna fitowa daga cikin dawa, wannan yana ɗaga wa wancan hannu. Ba cewa suke yi Sajo ya mutu ba, cewa suke Asta ta kira sunansa. A Garo na tarar da surukinsa a gindin bishiya. Ban gama faɗa ba ya miƙe, ya hau bayana babu hula.

Da aka tsayar da sallah filin bayan firamare ya cika. Mutane da taɓo har gwiwa, wasu a bakin rijiya suka yi alwala a gurguje. Mutanen kara sun rufe ciniki sun zo daga Getso, mahaucin nan yana kuka kamar ƙaramin yaro. Masu noman albasa sun zo daga Kabo a bayan a-kori-kura. Na waiwaya kafin kabbara, ban hango ƙarshen sahu ba. Ya samu abin da ya roƙa. Hadarin bai zubo ba sai da muka baro maƙabarta.

Ni na shiga kabarin tare da Baffa muka karɓe shi. Allah ya yafe mini, har lokacin da ake jera itace wani abu a zuciyata yana jiran ya zabura da ihu, kamar yadda yake yi wa ungulu a fadama.

Allah ya jiƙanka, Abdulmumini. Allah ya ba Inna da Zinnira haƙuri, ya raya Amatullahi. Karsanar tana gida, mutanen kara suka kawo wa yarinyar.

Da safen ranar da ya rasu, ya biyo ta shagona a kan babur, bai ko kashe inji ba. Ya miƙo mini wayarsa, yana murza ƙirji da ɗaya hannun. Na tambaye shi, ya ce tun jiya yake jin wani nauyi, wataƙila wake ne. Na ce ya biya asibiti kafin ya wuce.

"Ni da na mutu sau ba adadi, me likita zai gaya mini? Sa mini caji, da la'asar zan biyo in karɓa."

"Bana dai ba a kashe ka ba tukuna."

"Damina ce, suna gona, ba su da lokaci." Ya gyara zama, ya taka giya. "In sun kira, ka ce musu ina nan."

Na ce, "Zan gaya musu. Allah ya ba da kasuwa."

Ya ce, "Amin, ɗan'uwa."